Kilon Hajiya

Duk wanda ya taɓa lanƙwashe ƙafa ya ci tuwon Juma'a a ɗakin Hajiya ya san dokar, ko da yake ba wanda ya taɓa rubuta ta. In ka je gida za ka dawo Guangzhou, kilo biyu na cikin akwatinka ba naka ba ne, na Hajiya ne. Ƙanwarta ce a Maraɗi take dafa kalwa da hannunta, ta yi daddawa, ta naɗe a leda uku da tsohon zani, ta ba direbobi su sauke a Kano, a gidan wanda tafiyarsa ta matso. Kai kuma ka cusa a tsakanin kayanka, ka yi ta addu'a a filin jirgi kada wani kare mai shisshigi ya tsaya a kanka.

Hajiya mutuniyar Maraɗi ce. Wankan jegon 'yarta ne ya kawo ta China. 'Yar da mijinta suka tattara suka koma gida, ita kuwa ta ce tafiya ba yanzu ba, ta zauna tana aika mayafai da takalman mata. Ɗakinta na hawa na tara a wani tsohon bene bayan titin Huanshi Lu, kuma lif ɗin gidan sai ya ga dama yake aiki. Kowace Juma'a in an sauko daga masallaci takan tuƙa tuwo ta kaɗa miyar kuka, sadaka ga maigidanta da ya rasu. Alhazan Kano masu sarin kaya, ɗalibai, 'yan Nijar, 'yan Gana, kowa ya hau benen nan yana haki ya zauna.

Ni ina ɗalibi aka fara kai ni. Na yi sati uku a ƙasar ba na cin komai sai burodi da dafaffen ƙwai, don tsoron naman alade har a ruwan shayi nake hango shi. Da na kai lomar farko baki, wallahi ban san lokacin da hawaye suka zubo ba, ƙato da ni, a gaban mutane. Wani har ya fara murmushi. Hajiya ta dube shi ta ce, "Yaji ne ya yi yawa yau, hannuna ya zarce." Babu wani yaji a miyar. Daga ranar take ce mini "ɗana", kuma a duk garin nan mai mutane kamar ƙasa ba wanda yake kirana haka sai ita.

Da na gama karatu ban koma ba, na zama tafinta. Ina raka 'yan kasuwa kasuwar Baima su sayi riguna, ina kai su Xintang inda ake ɗinka wandon jins. A nan na koyi yadda mutanenmu suke kallon duniya. A wurinsu kaya iri biyu ne kawai Allah ya halitta: orijina da kwafi. Alhaji zai zaro wando daga jaka ya shimfiɗa a gaban mai masana'anta, ya buga shi da tafin hannu ya ce, "Laoban, sem-sem!" wato maigida, a yi mini irinsa sak. In kwafin ya fito har mai saye ya kasa bambancewa, to an ci nasara, sai a liƙa masa lamba a yi hamdala.

Kantunan abincin Koriya kuwa a kan idona suka yaɗu. Da farko guda ɗaya na sani, can unguwar da 'yan Koriya suke zama, kuma ba abin da ya haɗa mu da shi. Sai ga wani kamfani mai koren allo ya buɗe reshe a Huanshi Lu. Kafin mu gama kallonsa ya buɗe wani kusa da Baima, sai wani a Xintang, a tsakiyar masu rinin wando. Duk wanda ka shiga, fitila iri ɗaya, kiɗa iri ɗaya, firji a jere a bango ɗaya, da 'yan mata masu koren gaba suna yi maka maraba da yaren Koriya, alhali in ka tambaye su daga ƙauyukan nan kusa suka zo. Masu kayan Japan da na Tailan suka ga ana ciniki, su ma suka faɗo. Titin da a da sai shagon waya da ofishin kago na aika kaya, ya koma ko'ina taliya mai yaji da ganyen teku.

Wanda ya fara ja na ciki shi ne wani babban dilan jins daga Kano, wanda kowa ke kira Alhajin jins. 'Ya'yansa mata sun kalli finafinan Koriya har sun ƙoshi, suka turo masa hoton wata taliya suka ce kada ya dawo babu ita. Mutumin da yake cika kwantena ya tsaya a gaban kanta da waya a hannu yana gwada hoton leda da leda, yana gumi. Ni aikina in juya bayan kowace leda in karanta farar takardar da aka manna da rubutun China, in tabbatar babu alade babu giya.

Muna wucewa ta gaban wani firji sai wani wari ya bugi hancina. Na tsaya cak. Wasu dunƙule-dunƙule ne a naɗe cikin roba, launin ƙasa, da ƙwayoyin wake a jiki. Na ɗauko ɗaya na kai hanci, sai na ji bakina ya ce da ƙarfi, "Kai! Daddawa!"

Ni na faɗa. Da bakina na faɗa, ba wanda ya sa ni, kuma har yau in na tuna sai in ji kamar in mari kaina.

Alhaji ya karɓa ya shinshina, ya lumshe ido, ya ce, "Allahu Akbar. Karanta mini." Na karanta: waken suya da gishiri, shi ke nan.

"Ashe daddawar waken suya ce ta yi karatu a ƙasar waje," in ji shi. Ya juya ta sama da ƙasa kamar yadda yake duba ɗinkin aljihu, sannan ya yanke hukunci. "Sem-sem."

Kafin sati ya zagayo labari ya gama masaukan mutanenmu. Tirƙashi! Ka ga Alhazai da manyan riguna suna tura ƙaramin keken kanti, kowa da koren katin memba a aljihun gaba, kusa da carbi. Mutumin da bai taɓa sanin inda ake sayen gishiri a gidansa ba ya zama masanin kabeji mai tsami, yana gaya maka wanda ya nuna da wanda bai nuna ba. Wayata ba ta hutawa: hoton bayan kwalba, hoton bayan leda, "Malam tafinta, wannan halal ne?" Na zama muftin kanti, kuma in faɗi gaskiya abin ya yi mini daɗi.

Sai kuma ɗan kasuwa ya yi abin da ɗan kasuwa yake yi. In akwai daddawa a ƙasan titi, me zai sa ya ɓata kilo biyu, wurin da zai ci samfurin wando huɗu? Ba wanda ya fito ya ce ya daina. Wannan ya ce an matsa a filin jirgi, wancan ya ce direba bai kawo da wuri ba, wani ya dafe kai ya ce, "Kash, Hajiya, na manta a kan firjin gida." Ƙunshin ƙanwar Hajiya suka yi ta taruwa a gidajen Kano suna ɗumama ɗakunan matan mutane.

Abin da ya fi ba ni haushi, ba su daina hawa benen ranar Juma'a ba. A masauki su dafa ta kanti, a ɗakin Hajiya su zage ta. Alhajin jins ne kan gaba. Ya cika baki da tuwo ya ce shi hancinsa ba a yi masa wayo, tun daga matattakala yake bambance daddawar Maraɗi da ta Kano, balle wata ta roba da injin ya yi. Kowa na son orijina ranar Juma'a, amma a akwatin wani.

Sau ɗaya na ja Hajiya zuwa kantin, wai in wayar mata da kai. Ta shiga tana tattare mayafi kamar wurin da ruwa ya kwanta. Na ɗauko dunƙulen na miƙa mata. Ta shinshina, ta daɗe, ta ce, "Wa ya yi ta?"

"Kamfani, Hajiya."

"Ita Kamfanin, ɗiyar wa ce? A wace unguwa take?"

Na yi dariya na fara bayanin injina da tsafta. Wata mai koren gaba ta matso da murmushi tana miƙa mata katin memba. Hajiya kalmomin China uku ta sani duk zamanta, sai ta zaɓi ɗaya ta ce, "Meiyo," wato babu, ta ajiye dunƙulen a inda na ɗauko, ta goge yatsunta a bakin zani.

A wani tsohon gwangwanin madara take adana daddawarta. Ana gobe zan tafi Kano Babbar Sallah na je sallama, sai ta buɗe shi ta karkato mini. Ina ganin gindin gwangwanin yana ƙyalli.

"Wannan ta Juma'a biyu ce in na yi tsimi," in ji ta. "Kuka akwai, gari akwai. Ɗana, kai kaɗai ka rage. In ba ka kawo ba, babu miya."

Na bugi ƙirji na ce haba Hajiya, ni ma sai an tuna mini? Har na ɗan zagi Alhazai don ta ji daɗi.

Ƙunshin ya riga ni isa gidanmu. Na tarar da shi a kan sif ɗin mahaifiyata, cikin zani mai ruwan goro. Ranar da zan dawo sai ga saƙo daga Alhajin jins, wanda shi ma ya zo Sallah: wanduna takwas, samfur, in kai Xintang kafin ya iso. Na ɗora akwati a sikeli ya zarce. Na cire takalmi, na cire kilishi rabi, bai sauko ba. Na dubi ƙunshin nan, ya dube ni. Na zaro shi na ajiye a gefe, allurar sikeli ta zauna daidai.

"Wannan fa?" in ji mahaifiyata.

"Akwai irinta a can, Umma."

"Irinta aka ba ka, ko ita?"

Sai na hau faɗa. Ni da na fi kowa rashin gaskiya a ɗakin, ni ne mai ɗaga murya: duniya ta ci gaba, mutane na zuwa wata, mu muna nan muna jigilar wari daga nahiya zuwa nahiya. Umma ta miƙe. Ta ɗauki ƙunshin ta mayar kan sif.

Ranar Laraba na sauka. Ranar Alhamis na shiga kanti mai koren allo na kwashi dunƙule har kilo biyu, na sa aka auna, don ni mutum ne mai cika alkawari. Da na tsaya a nan, na kai mata a ledar kantin na ce Hajiya na yi laifi, da abin ya zo da sauƙi. Amma shekarun da na yi a Xintang ba su tafi a banza ba. Na san kaya ba ya zama orijina sai an canza masa riga. Na ɓare robar, na ɗan gasa dunƙulen a kasko don su yi baƙi, har maƙwabcina ya buga bango. Na mulmula su ƙanana, na naɗe a baƙar leda uku, na yaga wani tsohon zanin gado na ɗaure. Na ja da baya na kalli aikina, har na yaba wa kaina.

Hajiya ta karɓa da hannu biyu. Ta kwance zanin, ta kwance leda ta farko, ta biyu, ta uku. Ta ɗauki ɗaya ta murza a yatsa. Na yi sauri na ce, "Bana haka ta zo, kamar ba ta yi baƙi sosai ba."

"Haka ne," in ji ta. "Sannu da ɗawainiya." Ta tambayi lafiyar Umma, ta ba ni ruwa. Na sauko daga benen ina tsallake matattakala bibbiyu, ina cewa a raina kaya ya wuce.

Juma'ar nan ɗakin ya cika, don labari ya bazu cewa sabon kaya ya iso daga Maraɗi. Alhajin jins bai dawo ba tukuna, sai Juma'a ta gaba, kuma Hajiya ta ce a jira shi, ranar ta yi mana miyar kuɓewa da ragowar gwangwani. Ban gane komai ba. Da ya iso, Juma'a ta zagayo, ya shigo yana haki da katin memba yana leƙowa daga aljihu. Aka ajiye miyar kuka. Ya kai loma ɗaya, ya ajiye hannu, ya girgiza kai.

"Jama'a, ku ji abu! Wannan ita ce orijina. Kun ji kalwa? Kun ji hayaƙin itace? Ina masu zuwa kantin Koriya? Su zo su ji abin da injin ba zai taɓa yi ba har abada!"

Kowa ya ɗauka. Wani ya ce ta fi ta bara. Wani ɗan Damagaram ya rantse har unguwar da aka yi ta ya gane. Ni ma na sa baki, ina dariya fiye da kowa, don wani dutse ne ya sauka daga ƙirjina. Hajiya na tsaye a ƙofar kicin da ludayi, tana bin kowa da ido. Ba ta zuba wa kanta ba.

"Alhaji," ta ce, "ka ji kalwa?"

"Tun daga hawa na shida, Hajiya."

"To madalla. Ta kantin nan ce mai koren allo. Ɗana ne ya saye ta, ya gasa, ya naɗe mini a zani."

Kowa ya juyo ya dube ni. Na mayar da lomar da ke hannuna cikin kwano.

Ba ta ɗaga murya ba. Ta ce shekara da shekaru tana sa ƙanwarta dafa kalwa wuni guda a bakin wuta, ta surfa, ta wanke, ta rufe kwana uku tana gadi, mace mai ciwon baya, don ta ɗauka mutanen nan sun san abin da suke ci. "Ashe ni kaɗai nake jin ta. Ku kam ko me aka kaɗa muku, in an ce daga gida ne, shi ke nan." Sannan ta juyo gare ni. "Kai kuma, da ka zo ka ce ka baro ta, da na yi fushi kwana biyu ya wuce. Amma ka naɗe mini a zani. Ashe ni ma mai saye ce a wurinka."

 Ni da nake cin abinci da baki a harsuna uku, sai na ɓige da kallon kwanon gabana.

Alhajin jins ya farfaɗo kafin kowa. Ya nuna ni da yatsa mai miya ya ce yaran yanzu ba amana, shi dama ya ji wani ɗan bambanci a ƙarshen harshe, kunya ce ta hana shi faɗa. Ya gama faɗan, ya sa hannu ya cinye tuwonsa tas, ya suɗe kwano. A matattakala ya kamo hannuna ya rage murya ya ce, "Wai ya ka yi ta yi baƙi haka? Minti nawa a kasko?"

Juma'ar da ta biyo baya babu tuwo. Hajiya ta ce daga yanzu sadakar maigidanta a Maraɗi za a riƙa yi. Na je ba da haƙuri sau uku. Ba ta kore ni ba, ba ta ɗaure fuska ba, har ruwa takan ba ni. Sai dai duk shigata takan ce, "Sannu da zuwa, Malam tafinta." Na gwammace ta zage ni. Kafin sanyi ya shigo ta sallami ɗakin, ta ba maƙwabciyarta 'yar China babbar tukunyar, ta tafi. Mutanen da suka kasa ɗauko mata kilo biyu suka yi layi a bakin mota suna rige-rigen ɗaukar mata akwati. Ba a jima ba kamfanin mai koren allo ya buɗe sabon reshe a ƙasan benen nata.

Da na sake zuwa Kano, ban gama cire takalmi ba Umma ta miƙa hannu kan sif ta sauko da ƙunshin. Ɗaurin ƙanwar Hajiya na nan yadda yake, ko leda ɗaya ba a kwance ba.

"Kusan shekara yana hana ni numfashi a ɗaki," in ji ta. "Amanar mutane ce. Ka kai wa mai ita."

Na kira Hajiya a waya. Na gaishe ta, na ce saƙonta na hannuna, gobe zan shiga mota in kawo mata har gida. Na ji ta yi dariya, dariyar gaske, har tana gaya wa wata a kusa da ita.

"Malam tafinta, daddawa za ka kawo Maraɗi? Ga mai yin ta nan zaune kusa da ni. Ci abinka, na yafe."

Na dawo da shi Guangzhou. Akwatin bai ma cika ba, da wuri har ya yi yawa. Yanzu ranar Juma'a in na sauko daga masallaci nakan wuce ta gaban koren allon nan, in ga mutanenmu a ciki da kekunansu, in hau ɗakina in gutsuri kaɗan in kaɗa miyar da ban iya ba, in ci ni kaɗai. Daddawar nan da ta kanti ba sem-sem ba ne, ko kusa. Kuma tun ranar da na tsaya a gaban firjin nan na kai dunƙulen hanci, na sani.